Nam June Paik: Masanin kiɗan da ya mai da akwatin talabijin kayan fasaha

An haifi Nam June Paik a birnin Seoul na Koriya ranar 20 ga Yuli, 1932, a gidan attajirai masu harkar masaku. Yaƙin Koriya ya tilasta wa iyalinsa yin hijira a 1950, suka ya da zango a Hong Kong kafin su zauna a Japan. A Jami'ar Tokyo ya karanci tarihin kiɗa da fasaha, ya kammala a 1956, sannan ya wuce Jamus ta Yamma domin ƙaro ilimi.

A can ne ya haɗu da masanin kiɗa na Amurka John Cage, wanda ya sauya masa tunani. A 1963, a garin Wuppertal, ya baje kolin akwatunan talabijin da ya sauya wa haɗin wayoyi har hotunansu suka karkace. Masana na ɗaukar wannan baje koli a matsayin mafarin fasahar bidiyo.

Ya koma New York a 1964, inda ya haɗa gwiwa da makaɗiya Charlotte Moorman. A 1971 ya ƙera mata wani irin babban goge da akwatunan talabijin uku, tana kaɗawa hotuna na sauyawa a gaban 'yan kallo. Burinsa shi ne ya fitar da mai kallo daga zaman karɓar duk abin da tasha ta aiko masa. Ranar 1 ga Janairu, 1984, ya haɗa New York da Paris kai tsaye ta tauraron ɗan'adam a shirin "Good Morning, Mr. Orwell".

Domin gasar Olamfik ta Seoul a 1988, ya gina hasumiya mai akwatunan talabijin 1,003. Shanyewar ɓarin jiki ta same shi a 1996, amma bai ajiye aiki ba har rasuwarsa a Miami ranar 29 ga Janairu, 2006.

Abin da ya bari na fuskantar barazana, domin masana'antu sun daina ƙera irin waɗancan akwatuna masu ƙeya. An kashe hasumiyar a 2018 saboda fargabar gobara, sai a 2022 aka sake kunna ta bayan doguwar gyara, yanzu kuma sa'o'i ƙalilan ake barinta a kunne domin ta ƙara tsawon kwana.