Ernie Davis: Gwanin Da Ya Isa Bakin Fili Bai Shiga Ba

'Yan uwana ɗalibai, akwai wata ƙwallo da Amurkawa ke yi wadda ba irin tamu ba ce. Ƙwallon mai tsini biyu ce kamar gwanda, da hannu ake ɗaukarta a ruga, mutum goma sha ɗaya kowane ɓangare, kowa da hular kwano da sulke a kafaɗa saboda karo. A gidajen kallonmu na Makarfi da Ikara da Kudan ba mai biyan kuɗi ya kalle ta, mu sai Firimiya. Amma a cikinta akwai wani saurayi da nake son mu san labarinsa, domin ya rasu yana da shekara 23, wato sa'an yawancinmu ne.

An haifi Ernie Davis ranar 14 ga Disamba, 1939, a jihar Pennsylvania. Bai san mahaifinsa ba, don ya rasu tun yana jariri. Kakanninsa ne suka raine shi a Uniontown, garin masu haƙar kwal, kuma yaro ne mai in'ina. Yana ɗan shekara 12 ya koma wurin mahaifiyarsa a Elmira, jihar New York, inda ya yi fice a makarantar sakandare a wannan ƙwallo da kuma ƙwallon kwando.

Jami'o'i da dama sun neme shi, ya zaɓi Jami'ar Syracuse. Wanda ya taimaka wajen janyo shi shi ne Jim Brown, baƙar fata ɗan'uwansa, wanda ya riga shi yin suna a can. Aka ba Davis riga mai lamba 44, lambar da Brown ya sa. Aikinsa a fili shi ne ya karɓi ƙwallo ya ratsa ƙartin da ke jiran su kayar da shi. A shekara uku ya ruga da ƙwallo yadi 2,386, ya zarce abin da Brown ɗin ya bari.

A kakar 1959 Syracuse ba ta yi rashin nasara ko sau ɗaya ba, ta zama zakarar jami'o'in ƙasar. Ranar 1 ga Janairu, 1960, suka doke Jami'ar Texas da ci 23 da 14 a birnin Dallas, aka zaɓi Davis gwarzon wasan. Ku tuna fa, a lokacin a kudancin Amurka baƙi da farare ba sa kwana otal ɗaya, ba sa cin abinci wuri ɗaya. Ana tafa masa a fili, a waje kuwa akwai ƙofofin da ba shi da ikon shiga.

A 1961 ya lashe kyautar Heisman, wadda ake ba ɗan wasan jami'a mafi ƙwarewa. Tun 1935 ake bayar da ita, baƙar fata bai taɓa samu ba sai shi. Shugaba John Kennedy da kansa ya nemi ganinsa, suka gaisa hannu da hannu.

To, a tsarinsu, ƙungiyar da ta zo ta ƙarshe a gasar ƙwararru ita ke fara zaɓar ɗalibin da take so. Ƙungiyar birnin Washington ce ta ƙarshe, ta zaɓi Davis. Sai dai mai ita, George Preston Marshall, shi kaɗai ya rage a gasar bai ɗauki baƙar fata ba, sai da gwamnati ta matsa masa lamba saboda filin wasan a ƙasarta yake. Aka yi musaya: Davis ya tafi Cleveland Browns, inda Jim Brown yake, Bobby Mitchell ya koma Washington. Magoya bayan Cleveland suka shiga lissafin yadda za a tare waɗannan biyun in sun haɗu.

Ana cikin haka, a watan Yulin 1962, yana sansanin atisaye, ya tashi da kumburin wuya. Gwaji ya nuna sankarar jini ce, cutar da ke sa ɓargo ya riƙa fitar da gurɓatattun ƙwayoyin jini har su danne masu lafiya. Likitoci suka ɓoye masa sunan cutar sai a watan Oktoba. Ta ɗan lafa, ya ci gaba da motsa jiki yana sa rai, amma bai buga wa ƙungiyar wasa ko ɗaya ba. An dai gabatar da shi gaban 'yan kallo a filin Cleveland, suka miƙe suna tafi. Ranar 18 ga Mayu, 1963, ya cika a asibiti a birnin. Ƙungiyar ta ajiye lambarsa, 45, ba a ƙara ba kowa ba. Mu ma a nan mun san irin wannan zafin, ranar da Samuel Okwaraji ya faɗi a filin wasa na Legas a 1989.

Abin da ya fi tsaya mini a rai abu biyu ne. Na farko, duk da suna da kuɗin da ke jiransa, sai da ya kammala digirinsa a fannin tattalin arziki a 1962. Bai ce ƙwallo ta ishe shi ba. Na biyu, wata biyu kafin rasuwarsa ya yi rubutu a wata mujalla yana bayyana cewa shi bai ɗauki kansa marar sa'a ba, don ya samu abin da wasu ba su samu ba a tsawon rai.

Mu da ke ajin ƙarshe, hirarmu kullum ita ce bayan difloma sai me: aiki, HND, aure. Ba laifi, kowa da burinsa. Amma Davis bai ci moriyar ko rana ɗaya ta wannan "bayan" ba. Duk abin da ake tuna shi da shi, yana ɗalibi ya yi shi. Kada mu ɗauki zaman nan na makaranta a matsayin zaman jiran mota. Kuma don Allah, wanda ya ga kumburi ko kasala da ba ya ganewa, ya je asibitin makaranta, kada ya tsaya shan Panadol.

Allah ya ba mu lafiya da tsawon rai mai amfani, amin.