Cec Thompson: Ɗan Wasan Da Ya Koma Aji

Na zaɓi in kawo muku tarihin Cec Thompson ne saboda waɗanda ke ganin lokacin karatu ya wuce su.

An haife shi a arewacin Ingila a 1926. Mahaifinsa, mutumin Tirinidad, ya rasu tun yana ciki, don haka a gidajen marayu ya tashi. Ya bar makaranta da ƙyar yake iya haɗa baƙi.

A 1948 ƙungiyar Hunslet ta birnin Lids ta ɗauke shi wasan zari-ruga na 'yan 13-13. Cikin 'yan gaba yake, masu aikin ture da karo. A 1951 ya buga wa Birtaniya wasa sau 2 da Niyu Zilan, lokacin da baƙar fata a wannan matsayi abin ƙirgawa ne da yatsu. A 1953 ya koma ƙungiyar Workington.

Abin da ya fi burge ni shi ne, duk da wannan suna, rashin ilimi na damunsa. A cikin motar zuwa wasa yake haddar sababbin kalmomi. Da ya bar fili sai ya riƙe sana'ar wanke tagogi, yana karatu, har ya sami digiri kan tattalin arziki a Jami'ar Lids a 1968, yana ɗan shekara 42. Daga nan ya zama malamin sakandare. Ya rasu a 2011.

Gemu dai ba ya hana ilimi. Mu da aka kai makaranta tun muna yara, wane uzuri gare mu?