Janar Guro, Hafsan Faransi da Ya Haƙa Rijiyoyin Hanyar Damagaram

An haifi Henri Gouraud, wanda ake furta sunansa Guro, a birnin Paris cikin shekara ta 1867. Ya yi karatun soja a makarantar hafsoshi ta Saint-Cyr, ya fito a 1890 yana hafsan sojan ƙasa. A 1894 aka turo shi Afirka ta Yamma, kuma bayan shekara huɗu sunansa ya fito, domin shi ne ya kama Samori Ture a ƙauyen Gelemu ran 29 ga Satumba 1898.

Abin da ya shafi Hausawa cikin tarihinsa ya zo ne a 1901. A lokacin Faransi sun riga sun ci Damagaram, sun kashe Sarki Amadu Kuran Daga a 1899, amma riƙe garin ya zame musu wuya. Dalili kuwa shi ne yarjejeniyar da suka yi da Ingila a 1898, wadda ta zagaye Sakkwato da da'ira mai nisan mil ɗari, ta bar wa Ingilishi duk ƙasar da ke ciki. Saboda haka duk ayarin da ya taso daga kogin Kwara zuwa Zindar tilas ya kewaya ta arewa, inda ruwa ya yi ƙaranci. Guro, yana ƙarƙashin Kanar Peroz, shi ne ya bi ta Filinge da Tawa yana kafa sansani yana gyara rijiyoyi. Raƙuma da hatsi da ƙwadagon aikin, ba sai an faɗa ba, daga talakawan ƙasar aka karɓe su. Wahalar wannan hanya ce ta sa Faransa ta matsa har aka sake iyaka a 1904 da 1906, Ƙwanni da Maraɗi suka faɗa hannunta, aka raba su da 'yan'uwansu na Sakkwato da Katsina.

Daga nan ya yi yaƙi a Cadi da Muritaniya da Maroko. A yaƙin duniya na farko ya rasa hannunsa na dama a Dardanel cikin 1915, duk da haka ya koma fagen fama, ya tare farmakin Jamus a Shamfan a watan Yuli 1918. Sojojinsa ne kuma suka karya rundunar Sarki Faisal a Maisalun a 1920, suka shiga Dimashƙa. Ya riƙe gwamnan soja na Paris daga 1923 zuwa 1937, ya mutu can a 1946.