Gunpei Yokoi: Injiniyan da ya ɗaukaka tsohuwar fasaha

An haifi Gunpei Yokoi a birnin Kyoto na ƙasar Japan ranar 10 ga Satumba, 1941. Bayan ya kammala karatun lantarki a Jami'ar Doshisha, kamfanin Nintendo ya ɗauke shi aiki a 1965 domin kula da injinan buga karta, wadda ita ce babbar hajar kamfanin a lokacin. Wata rana shugaban kamfanin, Hiroshi Yamauchi, ya ga wani hannun wasa mai miƙewa da Yokoi ya harhaɗa don nishaɗin kansa. Maimakon faɗa, sai ya umarci a mayar da shi kayan sayarwa, kuma aka sayar da sama da miliyan ɗaya.

Aƙidarsa ita ce a ɗauki fasahar da ta riga ta tsufa, ta yi araha, kowa ya san sirrinta, a samo mata sabon aiki. Manomin rani a Kura ko Bunkure da ya juya injin ban ruwansa daga fetur zuwa gas ba ya bukatar a yi masa dogon bayanin wannan. Da allon kalkuleta Yokoi ya ƙera Game & Watch a 1980. A 1989 kuma sashensa ya fito da Game Boy, mai allo marar launi da batir huɗu. Game Gear na kamfanin Sega yana da launi, amma yakan cinye batir shida cikin 'yan sa'o'i. Masu saye suka bi mai sauƙin kuɗi da jimirin batir: Game Boy da ƙanensa mai launi sun haura miliyan 118.

Virtual Boy da ya fitar a 1995 bai karɓu ba. A 1996 ya bar Nintendo ya kafa kamfaninsa, Koto. Ranar 4 ga Oktoba, 1997, mota ta buge shi a kan babbar hanyar Hokuriku, ya rasu yana da shekara 56.

Sauƙin ƙirar nan ne ya sa har yau masu sha'awa ke buɗe Game Boy, su canja allo, su ɗora manhajar da suka rubuta da kansu a kan kaset. LSDj, wadda Johan Kotlinski ɗan ƙasar Suwidin ya fitar a 2000, ta mayar da na'urar abin haɗa kiɗa. Nintendo dai ya sha maka masu sayar da kaset ɗin kwafar wasanni a kotu.