Alec Reeves (1902–1971): Mutumin da Ya Mayar da Sauti Lambobi

An haifi Alec Harley Reeves a garin Redhill na ƙasar Ingila ranar 10 ga Maris, 1902. Ya yi karatun injiniya a Imperial College da ke Landan, daga bisani ya yi aiki a ɗakin binciken kamfanin ITT na birnin Paris.

Abin da ya addabe shi a can shi ne tarho mai dogon zango. Duk sa'ad da aka ƙara wa murya ƙarfi a kan hanya, sai ƙarar layi ta ƙaru tare da ita, har magana ta dusashe. A 1937 ya ga cewa mafita ita ce a daina aika muryar kanta. A riƙa auna igiyar sautin sau dubbai cikin daƙiƙa guda, a mayar da kowane awo lamba, a aika lambobin da siffar sifili da ɗaya. Lamba ko ta ɗan gurɓace a hanya ana iya gane ta, a sake fitar da ita garau. Ya yi rajistar wannan dabara, wadda ake kira PCM, a Faransa a 1938.

Sai dai ya yi sammako da yawa. Na'urorin zamanin ba su iya ɗaukar aikin da araha ba, kuma kafin a fara amfani da dabarar a layukan tarhon Amurka a 1962, wa'adin mallakarsa ya ƙare.

Yaƙi ya kore shi daga Faransa a 1940. Mutum ne mai ƙyamar zubar da jini, amma da shi aka ƙera Oboe, na'urar da ta riƙa nuna wa jiragen Birtaniya inda za su saki bam a yankin Ruhr na Jamus a 1943. Wani abin mamaki kuma, wannan gwanin awo ya daɗe yana ƙoƙarin ganawa da ruhin matattu.

Ya rasu ranar 13 ga Oktoba, 1971, bai ga faifan CD na 1982 ba, mai auna sauti sau 44,100 a daƙiƙa, balle fayil ɗin WAV da Microsoft da IBM suka fitar wa ƙananan kwamfutoci a 1991. Dukansu a kan dabararsa aka gina su, kuma da ita manazarci yake aiki in ya zauna kwafe tsohon kaset ɗin Mamman Shata zuwa kwamfuta.