Alice Guy: Sakatariyar da Ta Zama Daraktar Fim ta Farko

A nan Gwarzo da Kabo, idan ana hirar fim, sunan jarumi da jaruma muke ambata. Ba kasafai muke tambayar wanda ya ba da umarni ba. Tarihin Alice Guy ya nuna illar wannan sakaci.

An haife ta ranar 1 ga Yuli, 1873, kusa da birnin Faris na ƙasar Faransa. Mahaifinta mai sayar da littattafai ne. Da kasuwarsa ta karye, kuma ya rasu, sai ta koyi buga tafireta don ta taimaki mahaifiyarta. A 1894 ta samu aikin sakatariya a wajen Léon Gaumont, mai sana'ar kayan ɗaukar hoto.

A 1895 ta kalli hoto mai motsi na 'yan'uwan nan Lumière. Ma'aikata kawai aka nuna suna fitowa daga masana'anta. Sai ta yi tunanin ai za a iya ba da labari da wannan na'ura. Maigidanta ya yarda ta gwada, da sharaɗin kada aikin ofis ya tsaya. A wajajen 1896 ta shirya La Fée aux Choux, tatsuniyar wata aljana mai ciro jarirai daga cikin kabeji. Tsawonsa kamar minti ɗaya ne.

Daga nan ta zama shugabar shirya finafinai ta kamfanin Gaumont. A 1907 ta auri Herbert Blaché, suka koma Amurka. A 1910 ta kafa kamfaninta mai zaman kansa, mai suna Solax. Bayan shekara 2 ta gina katafaren ɗakin ɗaukar fim a garin Fort Lee, wanda ya ci kusan dala 100,000. A wannan shekarar ta shirya A Fool and His Money, wanda duk 'yan wasansa baƙaƙen fata ne, abin da ba a saba gani ba a lokacin.

Sai dai duniya rawar 'yan mata ce. Harkar fim ta koma Hollywood, bashi ya ci kamfaninta, aurenta kuma ya mutu. Fim ɗinta na ƙarshe ya fito a 1920. A 1922 ta koma Faransa da 'ya'yanta biyu, kuma ba ta sake samun aikin fim ba.

Abin takaici, da aka zo rubuta tarihin fim, an tsallake sunanta, har aka jingina wasu ayyukanta ga mazan da suka yi aiki a ƙarƙashinta. Ta daɗe tana neman tsofaffin finafinanta. Ta kuma rubuta tarihinta da kanta, amma ba a buga shi ba sai 1976, bayan ta rasu ranar 24 ga Maris, 1968, tana da shekara 94.

Mu ma muna da mata a bayan kyamara, irin su Hajiya Balaraba Ramat Yakubu ta Kano, marubuciya kuma mai shirya fim. Idan ba mu rubuta aikinsu ba, wa zai rubuta? 'Yan'uwa ɗalibai, in fim ya ƙare, mu daure mu karanta sunayen da ke wucewa.