Gustav Tammann, malamin da ya bi sawun ruwa har ya zama gilashi

Lokacin da muke yara a zango, akwai wata gwaggona da ke dafa alewar sukari tana ɗora mana talla. Ranar da ta yi sa'a, alewar kan fito garau, kana hango yatsanka ta cikinta, idan ta faɗi ƙasa ta tarwatse kamar kwalba. Wata rana kuwa, tukunya ɗaya, sukari ɗaya, murhu ɗaya, amma sai ta fito fara fat, tana ɓarɓashi kamar yashi, ba mai saye. Gwaggo takan ce baki ne ya kama ta, mu kuma mu sha faɗa. Sai da na girma na gane cewa alewar farko gilashi ce ta gaske a wurin masana, ta biyun kuma sukari ne da ya koma gidansa na jiya. Mutumin da ya zauna ya auna abin da ke raba waɗannan biyun sunansa Gustav Tammann, kuma tarihinsa nake son in kawo muku yau.

An haife shi ranar 28 ga Mayu, 1861, a garin Yamburg na daular Rasha, wanda yanzu ake kira Kingisepp. Mahaifinsa asalinsa daga manoman Istoniya ne, mahaifiyarsa kuma jinin Jamusawa ce. Uban ya rasu a 1864, wato yaron yana da shekara uku, don haka maraya ya tashi. Ya yi karatun kimiyyar sinadarai a jami'ar Dorpat, garin da a yau ake ce wa Tartu a ƙasar Istoniya. Jami'a ce da ke koyarwa da Jamusanci a cikin ƙasar da Rasha ke mulki, kuma masu jin Jamusancin 'yan tsiraru ne a daular. Ya gaji kujerar malaminsa Carl Schmidt a 1892. Shekara guda bayan haka hukuma ta sauya wa garin suna zuwa Yuryev, a daidai lokacin da ake ture Jamusanci daga azuzuwa ana kafa Rashanci. Duk wanda ya taɓa zama a ƙasar da harshen gidansu ba shi ne na hukuma ba, ba sai an yi masa dogon bayani a nan ba.

A waɗannan shekarun ne ya kama tambayar da ta bi shi har tsufa. Kowa ya san ruwa yana zama ƙanƙara idan sanyi ya kai digiri sifiri. Amma masana sun daɗe da lura cewa abu mai ruwa-ruwa yana iya wuce ma'aunin daskarewarsa bai daskare ba. Ɗauki giliserin, wannan da mata ke haɗawa da man shafawa lokacin hunturu. A ƙa'ida ya kamata ya daskare a wajen digiri 18 na ma'aunin Salshiyas, amma kusan ba wanda ya taɓa ganin hakan a gidansa. Sanyi yana ƙaruwa, shi kuma kauri kawai yake ƙarawa, daga kamar zuma zuwa kamar kwalta, har a wajen digiri 83 ƙasa da sifiri ya tsaya ƙyam, ya zama abin da za a iya fasawa. Ina ƙanƙarar ta shiga?

Ga yadda na fi gane amsarsa. Abu daskararre iri biyu ne. Akwai wanda 'yan ƙwayoyinsa suka jeru reras kamar sahun sallah, kowa kafaɗa da kafaɗa, layi bayan layi. Shi ake kira kiristal, irin gishiri da ƙanƙara da sukarin da ke cikin buhu. Akwai kuma wanda ƙwayoyinsa suka tsaya a cakuɗe, kamar cunkoson kasuwa da ya cushe har ba mai iya ɗaga ƙafa. Wannan shi ne gilashi. To, kafin sahu ya tsayu ana bukatar abu biyu: wasu 'yan kaɗan su fara tsayawa su kafa shi, sannan sauran jama'a su samu hanyar zuwa su shiga. Tammann ya ce waɗannan matakai biyu ne daban, kowanne da saurinsa, kuma dole a auna su daban.

Dabarar da ya yi amfani da ita a wajen 1898 tana burge ni saboda sauƙinta. 'Ya'yan kiristal na farko ƙanana ne ƙwarai, ido ba ya ganinsu. Sai ya riƙa narkar da sinadari, irin su betol da piperine (shi ne sinadarin da ke ba masoro yaji), a cikin siririyar kwalba, ya sanyaya shi da sauri zuwa wani ma'auni da ya zaɓa, ya bar shi na ɗan lokaci. Daga nan ya ɗan ɗumama shi, ba har ya narke ba, don 'ya'yan da suka kafu su yi girma su fito fili. Sai ya zauna ya ƙirga su ɗaya bayan ɗaya. Ya sauya ma'aunin sanyi, ya sake, ya kuma ƙirgawa. Haka ya bi sinadarai kusan 150. Aikin haƙuri ne tsantsa, kuma har gobe masu binciken gilashi suna amfani da wannan hanya da sunansa.

Abin da ya fito shi ne, kafuwar 'ya'yan ta fi yawa a can cikin sanyi sosai, amma girmansu ya fi sauri a kusa da inda abin ke narkewa. A wurin da hanya take a buɗe, masu kafa sahu ba su da yawa. A wurin da masu kafawa suka yi yawa, ruwan ya riga ya yi kaurin da ba mai iya matsowa. Idan waɗannan wurare biyu sun yi nisa da juna, kuma aka ratsa tsakaninsu da sauri, ruwan zai kuɓuce wa zama kiristal, ya yi ta kauri har ya sandare a cakuɗensa. Ashe tsere ne. Daga nan Tammann ya tsaya a kan cewa gilashi ba sunan wani abu guda da ake yi da yashi ba ne, hali ne da abubuwa da yawa ke iya shiga idan an sanyaya su da saurin da ya isa. Ga amsar gwaggo ke nan: idan ƙwayar sukari ɗaya ta maƙale a gefen tukunya ta faɗa ciki, ko aka cika juyawa lokacin da alewar ke hucewa, an kafa sahu ke nan, sauran sai bi. Shi ya sa masu sana'ar ke ɗiga ruwan lemun tsami, wanda ke farfasa wani sashe na sukarin ya hana shi jeruwa.

Bai tsaya nan ba. Ya ƙera na'urorin matsa abubuwa da ƙarfin da ya ninka nauyin iskar duniya sau dubbai, kuma a 1900 ya gano cewa ƙanƙara ma ba iri ɗaya ba ce. Ya samo sababbi biyu, waɗanda ake kira ƙanƙara ta 2 da ta 3, masu nauyin da in da za a jefa su a ruwa nutsewa za su yi. Littafinsa kan daskarewa da narkewa ya fito a 1903, kuma a shekarar ce jami'ar Göttingen ta Jamus ta kira shi ya jagoranci sabuwar cibiyar sinadarai. Bayan 'yan shekaru ya karɓi cibiyar da Walther Nernst ya kafa, ya riƙe ta har ya yi ritaya a 1930.

A Göttingen ƙarafa ne suka cinye yawancin lokacinsa. Shi da ɗalibansa sun riƙa narkar da ƙarfe biyu-biyu a haɗe, suna bin yadda zafin ke sauka suna karanta abin da ke faruwa a ciki. Ya nuna cewa gaurayen zinariya da azurfa ko jan ƙarfe yana da iyakar da idan zinariyar ta kai, ruwan asid ba ya cin sa, abin da maƙeran zinariya suka sani a hannu. Kotaro Honda na Japan, wanda daga baya ya ƙirƙiro wani ƙaƙƙarfan ƙarfen maganaɗisu, a wurinsa ya ƙaro ilimi. Rubuce-rubucensa na bincike sun haura 500. A Jamus ma da ƙarafan aka fi saninsa.

Amma gilashi bai sake shi ba. A 1926, shi da wani abokin aikinsa Hesse suka fitar da lissafin yadda kaurin ruwa ke hawa idan sanyi na ƙaruwa. Gaskiya ba shi ya fara ba: Hans Vogel ya kawo irinsa a 1921, Gordon Fulcher na kamfanin gilashi na Corning a Amurka ya kawo a 1925, shi ya sa lissafin ke ɗauke da sunayen su uku. Abin da ke cikinsa yana da ban tsoro. Zuma ta fi ruwa kauri sau dubbai. Amma kafin ruwa-ruwa ya zama gilashi, kaurinsa kan ninka na ruwan sha da lambar da ke da sifiri 15 a bayanta, kuma mafi yawan wannan hawan yana faruwa ne a cikin 'yan digiri kaɗan na ƙarshe. Ƙa'idar da aka saba da ita, ta abokinsa Svante Arrhenius na Suwidin, hawa a tsanake take hasashe. Narkakken yashi yana bin ta kusan daidai, amma giliserin da ire-irensa sun yi mata tawaye. Lissafin ma cewa yake akwai wani ma'aunin sanyi, ƙasa kaɗan da inda gilashi ke kafuwa, da kaurin zai zama ba iyaka. Ba wanda ya taɓa isa can ya gani, domin kafin a kai, jiran ruwan ya daidaita kansa ya fi ƙarfin rayuwar mai awon.

A nan ne gardamar take har yau. Idan aka duba yadda ƙwayoyin suke a jere, ruwan da ya kusa tsayawa da gilashin da ya tsaya kusan ba a bambance su. To me ya tsayar da shi? Wasu masana sun ce akwai wani sauyi na gaske da ke ɓoye a can ƙasa, wanda Walter Kauzmann ya hango alamarsa a 1948. Wasu sun ce babu komai sai cunkoso, kowace ƙwaya maƙwabtanta sun tare ta. A 1995 Philip Anderson, mai lambar Nobel, ya sa wannan a sahun gaba na matsalolin da suka gagari masana daskararrun abubuwa.

Littafinsa na ƙarshe a kan batun, wanda ya sa wa suna Halin Gilashi a Jamusance, ya fito a 1933 yana da shekara 72. Ya ɗauki gilashi a matsayin ruwan da ya wuce ma'aunin daskarewa sannan ya sandare. Mutane suka riƙe kalmar ruwa suka yar da sandarewar, har aka yi ta yaɗa cewa tagogin tsofaffin majami'un Turai sun fi kauri a ƙasa ne saboda gilashin yana zuba a hankali. Ni ma an koya min wannan a makaranta, kuma na yarda. Ba gaskiya ba ne. Yadda ake ƙera gilashin a da ne ba ya fitowa bai ɗaya, kuma a 1998 Edgar Zanotto na Birazil ya lissafa cewa kafin taga ta zuba a zafin ɗaki, sai an jira fiye da shekarun duniyar kanta. Gilashin taga sai ya kai wajen digiri 550 yake fara saki. Kuma a hankali yake saki, ba farat ɗaya kamar ƙanƙara ba, wanda shi ne ya ba Masaga na Bida da masu tsakiyar Krobo a Ghana damar sarrafa fasassun kwalabe yadda suke so.

Akwai abin da ba zan tsallake ba. A 1933 ɗin nan gwamnatin Hitila ta kori malamai Yahudawa daga jami'o'i, Göttingen ta rasa manya irin su Max Born da Emmy Noether, James Franck kuma ya ajiye aiki don nuna ƙin yarda. Tammann ya ci gaba da zamansa a garin, kuma ranar da ya cika shekara 75, a 1936, ya karɓi babbar lambar girma ta Garkuwar Mikiya daga wannan gwamnatin a matsayin dattijon masana ƙarafan Jamus. Ina girmama aikinsa, amma wannan shafin bai yi min daɗi ba.

Ya rasu a Göttingen ranar 17 ga Disamba, 1938. Shekara 22 bayan haka, a 1960, Pol Duwez da ɗalibansa a Kalifoniya suka fesa narkakken gaurayen zinariya da silikon a kan ƙarfe mai sanyi, ya huce da saurin kusan digiri miliyan ɗaya a daƙiƙa guda, suka samu ƙarfen da ya zama gilashi. Irin waɗannan ƙarafan yanzu suna cikin wasu taransifomomin wutar lantarki. Ruwan sha ma, da ya fi kowa gaggawar zama ƙanƙara, an ci masa tseren a 1980, kuma da irin wannan saurin sanyayawar ne asibitocin haihuwa ke adana ƙwan mata a yau ba tare da tsinin ƙanƙara ya yayyaga shi ba.